Ga mai kukan ƙaramin rol: ki duba Irm Hermann

Ƙanwata, na ga tambayarki, cewa shekara biyar kina fim amma kullum 'yar aiki ko maƙwabciya ake ba ki, har kina tunanin ki haƙura. Don Allah kada ki yi gaggawa. Na daɗe ina koyar da wasan dandamali, kuma duk yarinyar da ta zo min da wannan kukan, mace ɗaya nake nuna mata, wata Bajamushiya mai suna Irm Hermann.

A Munich aka haife ta a 1942. Sakatariya ce a ofis, ba ta taɓa shiga makarantar wasan kwaikwayo ba, sai a 1966 ta haɗu da darakta Rainer Werner Fassbinder, mai shirya finafinai da ɗan kuɗi kaɗan cikin 'yan kwanaki. Ya saka ta a finafinansa wajen ashirin, kusan kullum a matsayin mace mai ɗaure fuska, mai tsami, wadda ba a so.

Wanda nake kunna wa ɗalibaina shi ne fim ɗin Petra von Kant na 1972. Mata shida ne kawai, a ɗaki ɗaya. Irm ta fito a Marlene, mai yi wa uwar ɗakinta Petra hidima, kuma tun daga farko har ƙarshe ba ta ce uffan ba. Ko kalma ɗaya! Tana can baya tana buga tafireta, ana hira a gaba, sai ki ji ƙarar ta tsaya cak, ki gane maganar ta soke ta. A ƙarshe uwar ɗakin ta sauko, ta nemi su zauna da mutunci. Marlene ta jawo akwati, ta riƙa jefa kayanta ɗaya bayan ɗaya, har da ƙaramar bindiga, ta fice. Ranar da na fara nuna wannan wurin, wata ɗaliba da ke ƙorafin layi biyu kacal aka ba ta ta ce in mayar baya, sau uku muna kallo.

Ba zan ɓoye miki ba, ta sha wuya. Fassbinder ya riƙa wulaƙanta ta, abin da har yau yake min ciwo, domin gwaninta ba ta ba kowa lasisin taka mutum. A 1975 ta tattara ta koma Berlin, ta yi aiki da wasu daraktocin, Werner Herzog, daga baya da Christoph Schlingensief. Ta ci kyautar fim ta ƙasar Jamus a 1972, ta sake ci a 1983 da ta fito a matsayin matar da aka kulle a ɗaki ɗaya a kurkuku da Sophie Scholl, ɗalibar da ta yi adawa da mulkin Hitler. Shi Fassbinder ya rasu tun 1982, ita kuwa ta ci gaba da aiki har kusan rasuwarta a 2020.

Ki nemi fim ɗin nan, ki ƙyale masu magana, ki zuba wa Marlene ido kawai. In kin gama ki dawo ki faɗa min abin da hannayenta suke yi.