Tambaya da Amsa: Labarin Zane a Aji Mai Yara 60

Tambaya: Ni malamar firamare ce, ina da yara 60 a aji biyar. Ina so su zana labari tare, irin mai hotuna da magana a ciki, amma ina tsoron aji ya rikice. Ta ina zan fara?

Amsa: Malama, ki raba su rukuni goma, shida-shida. Kada ki ba rukuni takarda ɗaya tak, domin gwanin zane zai riƙe ta, sauran biyar su koma surutu. Ki yanka takardun A4 guda 30 gida biyu, kowane yaro ya samu rabi, shi ne hotonsa. Kowane rukuni kuma kwali ɗaya da gam.

Darasi biyu zai ci, na minti 40 kowanne. A na farko ba a taɓa zane. Ki ba su labarin da suka sani, kamar na Bayajidda, su yanka shi gida shida: isowarsa Daura, roƙon ruwa wajen tsohuwa, zuwa rijiyar Kusugu, kashe macijiya, cigiyar wanda ya kashe ta, aurensa da Daurama. Kowa ya rubuta maganar hotonsa a littafi, kada ta wuce kalma 15. Nan ne ainihin karatun yake, don haka ki zagaya ki duba ƙ, ɗ da ɓ tun kafin su hau takarda.

A darasi na biyu a zana da fensir, a bi da biro, a manna.

Inda aka fi samun matsala shi ne kamannin jarumi. Hannu shida ne, sai Bayajidda ya fito da fuska shida. Su yarda tun farko a kan alama biyu, misali rawani da takobi, ko da mutumin kara aka zana za a gane shi. Haka kuma yara kan fara zana da'irar magana, rubutu ya ƙi shiga. A rubuta tukuna, sannan a kewaye. Ki sa lamba 1 zuwa 6 a kan hotunan, domin yaron da ya saba da karatun allo yakan jera daga dama.

Wajen ba da maki, ki duba jerin labari da rubutu, ki bar kyawun zane. A ƙarshe rukunoni su yi musayar kwali, kowanne ya karanta na wani a fili. Inda suka tsaya suna tambaya, wannan hoton za a gyara.