Me ya sa Amurka ta ƙi goyon bayan Ingila a rikicin Suez?

Ɗan'uwa, ka tambaya ko don ƙaunar shugaban Masar Gamal Abdul Nasir ne Amurka ta juya wa Ingila da Faransa baya a 1956. Ko kusa! Ai Amurkar ce ta janye alkawarin kuɗin gina madatsar ruwa ta Aswan, shi kuma Nasir ya rama ta hanyar mayar da kamfanin mashigin ruwa na Suez, wanda ke hannun Ingila da Faransa, mallakin Masar a watan Yuli.

Abin da ya dami shugaban Amurka Eisenhower shi ne Tarayyar Sobiyet. Da Isra'ila ta kai wa Masar hari ranar 29 ga Oktoba, Ingila da Faransa suka biyo baya, ya ga Larabawa za su ruga hannun Mosko. Ga shi a daidai lokacin tankokin Sobiyet na murƙushe 'yan tawaye a Hungary. Da wane baki zai zagi wancan alhali abokansa na yin irinsa? Ƙari a kan haka, ba su ma shawarce shi ba, kuma zaɓe na gabansa.

Bai harba ko harsashi ɗaya ba, ta aljihu ya kama su. Fam ɗin Ingila na faɗuwa, ya hana ta samun rance daga Asusun Ba da Lamuni na Duniya (IMF) sai ta janye. Firayim Ministan Ingila Eden ya sauka a Janairun 1957.