Banki Ya Share Bashina Daga Littafinsa, Shin Na Fita?

Tambaya: Ina sayar da atamfa da shadda a Kasuwar Sheikh Abubakar Gumi, Kaduna. Na ci bashin wani ƙaramin banki, na biya rabi, sai kasuwa ta tsaya lokacin korona. Daga baya wani ma'aikacinsu ya ce min an share bashin. Yanzu na nemi rance a wani bankin don sarin kayan sallah, sun ce sunana na da matsala. Yaya aka yi haka?

Amsa: Alhaji, Allah ya buɗa kasuwa. Gaskiyar magana, har yanzu ana bin ka kuɗin nan.

Kai ma kana da littafin bashi a shago. Wanda ya karɓi turmi biyar ya ɓace shekara biyu, ka daina lissafa kuɗinsa a cikin jarinka, amma ranar da ya leƙo shagon ai za ka tambaye shi. To abin da banki ya yi ke nan. Ƙa'idar Babban Bankin Najeriya ga bankunan kasuwanci ita ce bashin da ya wuce kwana 90 ba a biya ba ya shiga sahun masu matsala, in ya kai kusan shekara a ɗauke shi asara. Bankin ya gyara lissafinsa ne kawai, bai yafe maka ba.

Sunanka kuwa ya riga ya tafi wurin kamfanonin da ke ajiye tarihin bashi. Uku ne masu lasisi: CRC, FirstCentral da CreditRegistry. Bankuna na duba su da lambar BVN kafin su ba da rance, shi ya sa sauya banki bai yi maka amfani ba. Dokar tarihin bashi ta 2017 ta ce kamfanonin su riƙe bayanin aƙalla shekara 6. Akwai kuma tsarin GSI da ya fara aiki a Agustan 2020: in ka sa hannu a kansa lokacin karɓar rance, bankin na iya cire uwar kuɗi da ruwansu daga asusunka na wani banki. Wanda ya tsaya maka ma ana iya tuntuɓarsa, kuma wannan ya fi damuna, don mutunci ne ya sa ya sa hannu.

Ka fara neman rahotonka a ɗaya daga cikin kamfanonin nan, doka ta ba ka kyauta sau ɗaya a shekara. Duba adadin da aka rubuta. In rabin da ka biya bai fito ba, kai ƙorafi da rasit ɗinka.

Daga nan ka taka da ƙafarka zuwa bankin, ka nemi sashen karɓo bashi. Bashin da suka cire rai da shi, sau da yawa sukan yarda a sasanta, su rage tara da wani ɓangare na kuɗin ruwa. Amma kada ka biya ko sisi sai sun rubuta yarjejeniyar a takardarsu mai tambari, da adadin da ranar biya. Ka zuba kuɗin a asusun bankin, kada ka damƙa wa ma'aikaci a hannu ko da ɗan unguwarku ne. Ka gama biya, ka karɓi takardar shaidar cewa ba sa bin ka komai, sannan bayan wasu makonni ka sake duba rahoton ka tabbatar sun gyara.

Tarihin jinkirin ba zai goge nan take ba, sai dai zai nuna ka biya. Sarin sallar bana dai, ka nemi dilan da kuka saba ya ba ka kaya ka sayar ka kawo.