Amsa: Ko kotu za ta iya dakatar da sayar da gidan gado kafin a raba?

Wa'alaikumus salam, 'yar'uwa, Allah ya jiƙan mahaifinku. Kin ce ya bar muku gida a Unguwar Rogo, ba a raba gadon ba, ga shi yayanku ya fara kawo dillalai, har ya sa an soma rushe zaure domin a fitar da shaguna, kuma kina so ki san ko kotu za ta iya dakatar da shi. Za ta iya, sai dai a shekarun da na yi ina aikin lauya a nan Jos, na ga yawancin masu neman wannan oda suna faɗuwa ne saboda sun nemi abin da ya fi ƙarfinta.

Wannan oda, wato umarnin wucin gadi, ba ya raba gado, ba ya kuma cewa wane ne mai gaskiya; aikinsa kawai ya tsayar da komai yadda yake har a yanke hukunci. Shi ya sa gidan tarayya ya bambanta da filin da baƙo ya shigo wa mutum. Yayanku magaji ne kamar ke, kuma muddin ba a raba ba yana da haƙƙi a kowane lungu na gidan, don haka da wuya alƙali ya kore shi ko ya hana shi shiga. Abin da alƙali zai saurara da kunnen basira shi ne roƙon a hana sayarwa, a hana jinginarwa, a dakatar da rushewa da sabon gini. Idan akwai 'yan haya, a roƙa a naɗa wanda zai riƙa karɓar kuɗin yana ajiyewa da lissafi, domin sau da yawa kuɗin haya ne asalin rigimar, ba ginin ba.

Odar iri biyu ce. Akwai ta gaggawa da ake bayarwa ba tare da an ji ɗaya ɓangaren ba, wadda ba ta wuce 'yan kwanaki, kuma tun shari'ar Kotoye da Babban Bankin Najeriya a 1989 Kotun Ƙoli ta nuna cewa sai da gaggawa ta haƙiƙa ake ba da ita. Ta biyun sai an kai wa yayanku takarda ya zo ya kare kansa, ita ce kuma ke tsayawa har ƙarshen shari'a. A nan alƙali zai duba ko akwai batu mai nauyi da ya cancanci shari'a, da wanda zai fi cutuwa, da ko kuɗi za su iya maye asarar. Za ki kuma ɗauki alkawarin biyan diyya idan daga baya aka gano bai kamata a ba ki odar ba, kuma wannan ba magana ce ta fatar baki ba.

Jinkiri ne ke kashe irin wannan buƙata, domin kotu ba ta hana abin da aka riga aka gama. Na taɓa ganin magada da suka yi ta kai ƙara wurin baffanni har aka zuba rufin kankare, ranar da suka iso kotu lauyan ɗaya ɓangaren hoton shaguna da ƙofofinsu kawai ya miƙa wa alƙali. Sulhu alheri ne, amma a yi shi takarda na gaban kotu. Ki ɗauki hotunan zauren yau, ki nemi kwafin takardun gidan, sannan a takardar rantsuwa ki faɗi komai, har da abin da bai yi miki daɗi ba, kamar in kin taɓa karɓar wani kaso na haya, saboda ɓoye shi na iya sa a janye odar.

A kula da kotun da za a je. Rabon gado bisa Musulunci kotun yanki ke yin sa, amma idan takaddamar ta koma kan mallakar filin da ke da takardar mallaka ta gwamna, sashe na 39 na Dokar Amfani da Ƙasa ta 1978 ya ba Babbar Kotun Jiha ita kaɗai hurumi. Lauyanki ya kuma rubuta wa ofishin filaye cewa gidan yana gaban kotu.

Idan an ba da oda yayanku ya yi kunnen ƙashi, kada ku tara samari ku kori magina. Kotun Ƙoli ta yi tir da ɗaukar doka a hannu a shari'ar Gwamnan Legas da Ojukwu a 1986. Ana kai wa yayanku takardar kotu mai suna Fom 48 ta gargaɗi, sannan Fom 49, wanda zai iya kai shi gidan yari kan raina kotu. In kuwa kasonsa kaɗai ya sayar wa bare kafin a raba, ku tambayi malamai batun shufu'a, domin a mazhabar Malikiyya abokin tarayya yana da damar biyan kuɗin da aka saya ya karɓi kason, matuƙar bai yi shiru har shekara ta wuce ba alhali yana gari kuma ya sani.