Albasa mai cushen jatan lande: abin da ya sa taki ba ta dahu ba

Wa alaikumus salam 'yar uwa. Kin ce kin gasa albasa da cushen jatan lande don ki ajiye a gefen shinkafa, albasar ta fito tana ƙaras-ƙaras, jatan landen ya yi tauri, ruwa kuma ya kwanta a ƙasan tire, har kina zargin obin ɗinki. Lafiyar obin ɗinki ƙalau. Abu biyu kika haɗa da ba sa dahuwa lokaci ɗaya. Babbar albasa ɗanya tana iya cin awa guda a obin kafin ta yi laushi har tsakiya, shi kuwa jatan lande minti 3 ya ishe shi a wuta. Kina jiran albasa, shi ya riga ya koma kamar roba.

Don haka albasar za ki fara dafawa ita kaɗai. Ki samu manya guda 6 masu nauyi a hannu, waɗanda ba su fara tsiro ba. Fara ta fi daɗin wannan aikin saboda ba ta da yaji sosai kuma ɓawonta na ciki yana da kauri. Jar albasar kasuwarmu, irin ta Aliero ko ta Galmi, ita ma tana yi, tana ma fin zaƙi in ta gasu, sai dai launinta yana dusashewa a ruwan zafi. Ki ɓare busasshen ɓawon, ki yanke kan kamar kaurin yatsa. Gindin kuwa saiwar kawai za ki aske yadda za ta zauna daram. In kika zurfafa wuƙa a nan, tana shiga ruwa za ta wargaje. Ki jefa su a tafasasshen ruwan gishiri minti 12 zuwa 15. Ki soka tsinke: ya shiga da ɗan turjiya, kada ya wuce salin-alin, domin akwai sauran wuta a gabanta. Ki kife su a gwagwa su tsane su huce.

In sun huce, ki sa ƙaramin cokali ki ƙwaƙule cikin, ki bar layi biyu ko uku na waje. In ƙasan ya huje, ki yanko ɗan ɓallin abin da kika ciro ki toshe. Ki ɗiba kofi ɗaya na ruwan dahuwar ki ajiye, zai yi amfani.

Yanzu maganar ruwan da ya kwanta miki a tire. Jatan landen da muke saya a wajen masu kifin ƙanƙara yana zuwa ne lulluɓe da ƙanƙara, in kika sa shi a haka duk ruwan nan a cikin albasa zai narke. Ki sauke shi cikin firij tun dare, ko ki jiƙa ledar a ruwan sanyi, ban da ruwan zafi. Ki ɓare shi, ki tsaga bayansa ki zare baƙin zaren nan, hanjinsa ne, yana sa a ji yashi a haƙori. Sannan ki shimfiɗa shi a tsumma mai tsabta ki danna har ya bushe. In kin ji yana wani wari mai hawa hanci, ki zubar, kada ki ce lemun tsami zai gyara.

Cushen ba wahala. Rabin cikin albasar da kika ƙwaƙule ki yanka ƙanana (sauran ki adana wa miya, in kika mayar duka cushen zai yi caɓal), ki soya a bota cokali 2 da tafarnuwa da ɗan citta da attarugu ɗaya, har ruwanta ya ƙone ta fara ja. Ki sauke, ki bari ya sha iska. Sai ki zuba jatan lande giram 300 da kika yanka gida uku-uku, ɗanye, ba tare da kin soya shi ba. Nan ne mutane suke yi min gardama, wai ɗanye zai tafi obin? E, minti 25 ɗin da zai yi a cikin albasar ya ishe shi dahuwa. Ki ƙara garin busasshen burodi rabin kofi, ƙwai ɗaya, gishiri, masoro, faski da matsin rabin lemun tsami. Garin burodin shi ke shanye romon da jatan lande zai fitar, ƙwan ya riƙe komai wuri ɗaya. Dunƙulen magi rabi ya isa. Kori kuwa ni ba na sawa, yana danne ƙamshin abin da kika kashe kuɗi a kansa.

Ki cika albasar har ta ɗan yi tozo, amma kada ki danna da ƙarfi. Ki jera su a matse a tire mai ɗan zurfi don su tokare juna, ki zuba ruwan dahuwar nan a ƙasa kamar rabin kofi, ki ɗora ɗan bota a kan kowace. Obin ya riga ya yi zafi a digiri 180 na Celsius. Minti 15 a rufe da takardar foil, minti 10 a buɗe har saman ya yi ja. Mai son cuku a wannan minti 10 ɗin za ta barbaɗa.

Wata kuma ta tambaya ko dole sai obin. Ba dole ba. Yadda muke gasa kek a tukunya da yashi haka za ki yi, sai ki ɗora garwashi a kan murfin don saman ya gasu, ki ƙara kamar minti 10 a kan lokacin.

In jatan lande ya yi tsada, kuma yana yi, ki raba: rabi shi, rabi tsokar giwan ruwa da aka cire wa ƙaya. Kifin tuna na gwangwani ma yana yi in kin tsiyaye man sosai. A yankin Asturiyas na ƙasar Sifen da irin wannan kifin suke cusa tasu, suna dafa ta a miyar tumatir, har biki ake yi mata a garin El Entrego a ƙarshen watan Nuwamba. Dakakken busasshen jatan lande na miya kuwa cokali ɗaya ya isa don ƙamshi, ba zai tsaya a matsayin cushe ba.

Ki bar su su huta minti 5 kafin ki ɗauka da faffaɗan cokali, da zafinsu suna saurin rushewa. Mutum ɗaya albasa ɗaya, a gefen farar shinkafa ko gasasshen dankalin turawa, ki kwarara romon tiren a kai. In baƙi za ki yi wa, ki faɗa musu abin da ke ciki tun kafin su sa cokali, akwai waɗanda jatan lande ke sa wa ƙaiƙayi da kumburin fuska, wasu har numfashi yake toshe musu.