Ga mai tambaya kan masu ɗinke duniya da zane

Ƙanwata, kin ce kina rubuta labarin wasu mutane masu gyara duniya da alamomi duk inda ta yage, amma kin rasa yadda mai karatu zai yarda da ke. Na jima ina rubuta irin waɗannan ƙagaggun labarai a nan Marwa ta Kamaru, ga abin da na gani.

Mai karatunmu ba ya gardama da abin al'ajabi, da tatsuniya aka yaye shi. Abin da ba ya yafewa shi ne gyaran da bai ci wa mai yinsa komai ba. Ki je kasuwa ki zauna wajen gyartai. Ƙwarya ta tsage, ya huda nan ya huda can, ya zura zare ya ja har bakin ya haɗu. Za ta ci gaba da aiki, amma ɗinkin yana nan, kuma mai ita ba za ta ƙara zuba mata nono ba sai da ɗar-ɗar. To masu gyaranki ma su bar tabo.

A wani labarina, ranar Laraba ce ta ɓace wa wata unguwa, mutane su kwanta Talata su tashi Alhamis. Wata tsohuwa ta sauka cikin kogin Mayo Kaliyawo da rani, ta zana alamarta a yashi da toka. Laraba ta dawo, sai dai tun daga nan asubar unguwar takan makara, ita kuma tsohuwar ta manta sunan ɗanta na fari, don kowace alama da sunan da take ci. Ruwan farko na damina kuma ya share zanen, aiki ya dawo sabo. Masu karatu ba wanda ya tambaye ni yadda zanen yake, kowa sunan ɗan yake ta jajantawa.

Kada ki taɓa ayoyi ko hatimin malamai. Da kin sa su, an bar labarinki ke nan, an koma gardamar halas da haram. Ƙirƙiri naki, abin kallo ai bai ƙare ba. Ga aska takwas a ƙirjin babbar riga. Ga ɗakunan ƙabilar Musgum na garin Pus, kusa da kogin Logon: zanen da ke jikinsu ba ado kaɗai ba ne, shi ruwan sama ke bi ya sauka, shi kuma magini ke takawa ya hau yin yaɓe. Irin wannan alamar nake so, wadda kowane layinta da aikinsa.

Sannan ki ba sana'ar tarihi. Sarki Njoya na Bamun ya ƙirƙiro rubutunsa a Fumban wajen 1896 da ɗaruruwan alamomi, ya yi ta rage su har suka koma 80 wajen 1910. Naki ma haka, a samu tsofaffin alamomin da aka watsar, da dattijon da ya kafe sai su, da yaran da ke yanke don sauri suna jawo ɓarna.

Wa ke biyan masu gyaran, sarki ko 'yan unguwa? Ki fara warware wannan, sannan ki turo babin farko in duba miki.