Shari'ar Raba Aure Ta Ƙi Ci Ta Ƙi Cinyewa: Me Zan Yi?

Tambaya: Barista, na kai ƙarar mijina kotun Musulunci a nan Kano ina neman a raba aurenmu saboda duka da rashin ciyarwa. Wata takwas ke nan, kullum sai a ɗage zama wai bai zo ba. Ni ba matar aure ba, ni ba bazawara ba. Ina mafita?

Amsa: 'Yar'uwa, Allah Ya kawo miki sauƙi. Sashe na 36 na kundin tsarin mulkin 1999 ya ba ki haƙƙin a saurari ƙararki cikin lokacin da ya dace, don haka neman a hanzarta ba rashin ladabi ba ne ga alƙali.

Ki fara da sammaci, domin a nan yawancin irin wannan shari'a take maƙalewa. Ki je wurin rajistaran kotu ki tambaya ko akwai shaidar an miƙa wa mijin hannu da hannu. Idan ɓuya yake yi, ki roƙi alƙali a zama na gaba ya ba da izini a liƙa sammacin a ƙofar gidansa ko a bi ta hannun mai unguwa. Idan kuwa ya karɓa ya ƙi zuwa, mazhabar Malikiyya da kotunanmu suke bi ta yarda a saurari shaidu a yanke hukunci ko ba ya nan. Ki nemi hakan a fili, a rubuta, kuma ki zo da shaidunki a ranar, kada ɗagewar ta zama daga ɓangarenki.

Za ki ji masu cewa ki yi hul'i kawai ki huta. Gaskiya ya fi sauri, tunda ba sai kin kawo shaidar cutarwa ba, amma ke za ki mayar da sadaki. Yana ci mini rai in ga macen da aka daka kuma ita ce mai biya. Idan kin tabbatar da cuta, alƙali yana da ikon raba auren ba tare da kin ba da ko sisi ba. A Malikiyya ma, wadda ta fanshi kanta sannan ta tabbatar da cewa cutar da ita ake yi, tana iya karɓo kuɗinta. Ki auna kafin gajiya ta zaɓar miki.

Ki kuma roƙi kotu ta tilasta masa ciyar da ke da yara yayin da ake shari'ar, igiyarsa tana kanki har yanzu.

Idan jinkirin daga kotun yake, ki rubuta koke zuwa ofishin Alƙalin Alƙalai na jiha, wato Grand Kadi, ki sa lambar shari'a da ranakun da aka ɗage. In babu kuɗin lauya, ki tuntuɓi ƙungiyar lauyoyi mata ta FIDA reshen Kano.